Lissafin Ruwa

A Garin Malam famfo ba ya zuwa sai tsakar dare.
Tun la'asar ake jera bido,
kowa ya ɗora dutse kan nasa, ya tafi.
Ni ba na tafiya. Barci ya manta ƙofata.
Ina zaune, bututu yana tari kamar tsoho,
ina ƙirga.

Ƙirga ce aikina can gabas.
Ban kama ba, ban ɗaure ba,
hannuna bai taɓa dorina ba, Allah shaida.
Kofur Zabeiru, mai kaye da makullin tanki.
Mutum arba'in da ɗaya a ɗakin ajiyar siminti,
taga guda, faɗin tafin hannu,
kofi ɗaya da safe, kofi ɗaya da magariba.
Ranar da nakiya ta cinye mana mutum shida
laftana ya ce, "Na safe ya ishe su."
Bai rubuta ba.
Irin wannan magana ba a zuba mata tawada.
Na ce, "To."

Wannan "to" nake tauna har yau.
Ta ƙi narkewa, ta ƙi tofuwa.

Akwai wani Kiyari, manomin tattasai.
An tsinto shi da buhu biyu da waya marar caji.
Ko yana da hannu, ko ba shi da shi,
ba wanda ya zauna ya tambaya.
Yakan kafa baki a taga ya ce,
"Soja, ba don ni ba, akwai yaro a nan."
Kwana na uku suka fara lasar zufar bango.
Kwana na biyar ya daina kira.

Na rubuta: zazzaɓi.
Sau goma sha biyu na rubuta,
da hannun nan da mushe ya sha yabo a lakwal.

Da hoto ya ɓulla a wayoyin mutane
sai ga masu bincike, da farar mota,
da robobin ruwa masu raɓa a kan tebur.
Kumandan bai sani ba.
Kyaftin yana hutu.
Laftana ya dafa goshi, ya ce bai tuna ba.
Umarni ya bi sama kamar hayaƙi,
laifi ya gangaro kamar ruwa,
shi kuwa ruwa kwari yake nema.
Aka ɗaure ƙananan soja biyu.
Aka karɓe kakina, aka ce in gode Allah,
a bar kaza cikin gashinta.
Bara na ga laftana a talabijin,
kafaɗarsa ta ƙara nauyi.

Ran Alhamis wata mata ta same ni a Kasuwar Dole
inda nake gyaran cocila.
Yagana sunanta. Kwana biyu ta yi a mota.
Ba ta kawo zancen diyya ba,
ba ta ce in nuna mata kabari ba.
Ta gyara mayafi, ta ce,
"An ɗiga masa ruwa a baki kafin ya cika?"

Duwatsun Damagaram sun fi ni saurin magana.
Na duba batir, na duba ƙasa.
Ta jira, ta jira,
sannan ta sayi cocila guda, ta biya, ba ta karɓi canji ba.

Kayen da suka tafi da shi kwafi ne.
Na ainihi yana cikin rufin ɗakina, a leda,
da kwanan wata, da yawan kofi,
da ranar da biyu suka koma ɗaya.
Sunana yana ƙasan kowane shafi.
In na miƙa shi, wuyana na miƙa.
Kullum ina cewa gobe.

Ga shi, famfo ya kawo.
Mata suna fitowa da fitila, ana ture duwatsu.
Wata yarinya ta ce, "Baba, layinka ne."
Na ce ta ɗiba.
Na tsaya ina jin yadda bido ke canza murya
in ya kusa cika.